Yadda ake gyara matsalar ɓatan fayil ɗin DLL ba tare da an ɓata kwamfuta ba

Ka danna manhaja kana jiran ta buɗe, sai ga wani ɗan akwati a tsakiyar allo yana cewa aiki ba zai ci gaba ba domin ba a ga VCRUNTIME140.dll ba. Ko MSVCP140.dll. Ko d3dx9_43.dll idan wasa ne. A ƙarƙashin saƙon akwai shawara cewa ka sake girka manhajar. Ka sake girkawa, saƙon ya dawo yadda yake. A nan ne yawancin mutane suke kwafar sunan fayil ɗin su liƙa a Google, su shiga shafin farko da ya yi musu tayin sauke shi kyauta. Ina roƙonka ka dakata kafin ka kai nan. Yawancin kwamfutocin da na ga sun rikice a kan wannan matsala, ba ɓatan fayil ɗin ne ya rikita su ba, gyaran da aka yi musu ne.

Kowane fayil na irin wannan yana da gidan da ya fito. Aikinka shi ne ka gano gidan, ka girka ƙunshin gaba ɗaya daga hannun mai shi. Duk matakan da ke tafe a kan wannan suke.

Mene ne wannan fayil ɗin

Mai rubuta manhaja ba ya ƙirƙirar komai daga tushe. Buɗe fayil, zana taga a allo, yin lissafi, fitar da sauti, duk an riga an rubuta su an ajiye a wasu fayiloli da ake kira laburare, kowace manhaja tana ɗauka idan ta tashi aiki. Kamar akwatin kayan aiki ne guda da ma'aikata da yawa suke aro daga ciki. A Windows sunan irin waɗannan fayiloli yana ƙarewa da .dll, a Linux da .so, a macOS kuma da .dylib.

Idan ka kunna manhaja, Windows yakan duba jerin laburaren da take buƙata, ya nemo su ɗaya bayan ɗaya. Ban da wasu fayiloli nasa da ya riga ya san wurinsu, yakan fara dubawa a foldar da manhajar take zaune, sannan C:\Windows\System32, sannan foldar Windows kanta, daga ƙarshe foldodin da aka jera a cikin PATH, wato jerin wuraren da aka gaya wa Windows ya riƙa dubawa. Idan ya zagaye bai samu ba, sai ya fito maka da saƙon nan. Riƙe wannan jerin a ranka, zai yi amfani a gaba.

Sau da yawa fayil ɗin ba ɓata ya yi ba. Tun asali ba a taɓa saka shi a kwamfutar ba, musamman idan sabuwa ce ko an sake mata Windows.

Mataki na 1: Rubuta saƙon daidai yadda yake

Kada ka dogara da ƙwaƙwalwa. MSVCR120.dll daban, MSVCP120.dll daban, MSVCP140.dll kuma daga wani ƙunshi ne kacokan. Harafi ɗaya ko lamba ɗaya na iya kai ka wani wuri. Ɗauki hoton allon, ko kuma ka danna kan akwatin saƙon ka latsa Ctrl da C tare. A yawancin irin waɗannan akwatuna wannan yana kwafar rubutun duka, sai ka liƙa a Notepad.

Duba kuma kalmomin da ke kewaye da sunan. Idan an ce "was not found" ko "is missing", ba a ga fayil ɗin ba ne. Idan an ce "Entry Point Not Found", fayil ɗin yana nan amma ba zubin da ake nema ba ne. Idan lambar 0xc000007b ce ta fito, galibi an haɗa manhaja mai bit 32 da laburare mai bit 64, ko akasin haka. Cuta uku ce, magani uku.

Mataki na 2: Tabbatar ba kai ka raba manhajar da kayanta ba

Wannan ba ya ɗaukar minti biyu, kuma yana warware matsaloli fiye da yadda ake zato. Idan manhajar ta zo a fayil ɗin zip, ka buɗe shi ka danna .exe daga ciki kai tsaye, Windows zai iya ciro wannan fayil ɗaya kawai ya bar sauran a ɗaure. Danna zip ɗin da maɓallin dama na linzami, ka zaɓi Extract All, sannan ka kunna manhajar daga sabuwar foldar.

Haka kuma idan ka jawo .exe ɗin zuwa fuskar allo don ya fi sauƙin samu. Ka fitar da shi daga gidansu, ya bar 'yan uwansa a baya. Mayar da shi foldarsa, ka yi masa gajerar hanya ta Send to sannan Desktop. Wanda ya kwafo manhaja daga wata kwamfuta ta filashi shi ma yana cikin wannan sahu: foldar ta zo, amma abubuwan da aka girka tare da ita a wancan gefen ba su biyo ta ba. Nemi ainihin fayil ɗin girkawa.

Mataki na 3: Gano gidan da fayil ɗin ya fito

Nan ne aikin yake, don haka zan ɗan daɗe a kai.

Duk sunan da ya fara da MSVCR, MSVCP ko VCRUNTIME na Microsoft Visual C++ Redistributable ne. Lambar da ke jikin sunan ita ce ke nuna shekarar ƙunshin, amma ba kai tsaye ba:

80 na 2005 ne
90 na 2008
100 na 2010
110 na 2012
120 na 2013
140 na 2015 zuwa gaba

Ka lura 120 ba 2012 ba ne, 2013 ne. Mutane da yawa suna tuntuɓe a nan, su girka na 2012 su ce bai yi aiki ba. Daga 2015 zuwa gaba kuma an haɗe su wuri ɗaya: ƙunshi guda yana ɗaukar 2015, 2017, 2019 da 2022, sabo yana maye gurbin tsoho. Waɗanda suka gabace shi kuwa kowane zaman kansa yake yi. Na 2022 ba ya wadatar da manhajar da ke neman na 2010. Shi ya sa idan ka buɗe jerin manhajojin kwamfutarka za ka iya ganin Visual C++ jere har guda goma ko fiye. Ba maimaici ba ne, kuma ba su cin wurin a-zo-a-gani. Ka bar su. Na sha ganin wanda ya goge su da niyyar yi wa kwamfuta shara, washegari manhajoji uku suka ƙi tashi.

Idan VCRUNTIME140_1.dll ake nema, mai alamar _1 a ƙarshe, to kana da ƙunshin 140 amma tsoho ne, domin wannan fayil ya shigo ne da zubin 2019. Girka na baya-bayan nan a kansa.

Sunaye irin su d3dx9_43.dll, d3dx10_43.dll, d3dx11_43.dll, xinput1_3.dll, X3DAudio1_7.dll da XAudio2_7.dll na tsohon DirectX ne, wato kayan Microsoft na hoto da sauti da wasanni ke amfani da su. Windows 10 da 11 suna zuwa da DirectX 12, amma ba sa zuwa da waɗannan tsofaffin fayiloli, kuma wasanni da yawa har yau suna nemansu. Ƙunshinsu shi ne DirectX End-User Runtimes na watan Yunin 2010.

Idan sunan dogo ne kamar api-ms-win-crt-runtime-l1-1-0.dll, wannan wani ɓangare ne da ake kira Universal C Runtime. Windows 10 da 11 suna da shi tun daga gida. A Windows 7 da 8.1 yana zuwa ne ta sabuntawa mai lamba KB2999226. Idan mfplat.dll ne, duba ko Windows ɗinka irin mai harafin N ne, wato wanda aka cire wa kayan bidiyo da sauti don kasuwar Turai. Abin da yake so shi ne Media Feature Pack. Idan vulkan-1.dll ne, ko suna mai farawa da nv ko ati, sabunta direban katin hoto daga shafin NVIDIA, AMD ko Intel.

Idan kuwa sunan bai yi kama da ko ɗaya cikin waɗannan ba, misali Qt5Core.dll ko wani mai ɗauke da sunan manhajar kanta, to kayan manhajar ne, ya kamata a ce yana foldarta. Ka tsallaka zuwa mataki na 6.

Mataki na 4: Bit 32 ko bit 64

Kafin ka sauke komai, fahimci wannan: abin da ake dubawa shi ne irin manhajar, ba irin Windows ɗin kaɗai ba. Windows mai bit 64 yana tafiyar da manhajoji masu bit 32 lafiya lau, amma kowace sai da laburare irin nata. Manhaja mai bit 32 tana son ƙunshin x86 ko da kwamfutar sabuwa ce fil. Don ka san irin Windows ɗinka, shiga Settings, System, About, ka duba System type. Manhajar da ke zaune a foldar Program Files mai x86 a ƙarshen sunanta galibi mai bit 32 ce.

Hanya mafi sauƙi, idan Windows ɗinka mai bit 64 ne, ka girka duka biyun, x86 da x64. Ba sa karo da juna.

Ga wani abu da ke ruɗa mutane ƙwarai. A Windows mai bit 64, foldar System32 ita ce ta fayiloli masu bit 64, SysWOW64 kuma ita ce ta masu bit 32. Sunayen a juye suke da abin da hankali zai ba ka. An bar System32 da sunanta ne don kada tsofaffin manhajojin da suka haddace wannan hanya su lalace, WOW64 kuma sunan tsarin da ke tafiyar da masu bit 32 a kan mai bit 64 ne. Wannan kaɗai ya isa dalilin da zai hana ka jefa fayil da hannu.

Akwai wata kwamfutar tafi-da-gidanka da aka taɓa kawo mini, an sake mata Windows, manhajar zane ta ƙi buɗewa tana neman MSVCP140.dll. Mai ita ya samo fayil ɗin a wani shafi, ya ga an rubuta 32, ya ga folda mai suna System32, ya zuba shi a ciki. Saƙon farko ya tafi, 0xc000007b ya maye gurbinsa, kuma wata manhajar da take aiki a da ita ma ta tsaya. An gudu ba a tsira ba. Da na buɗe foldar na jera fayilolin bisa kwanan wata, sai ga shi can a sama shi kaɗai, da ranar jiya a gefensa, sauran duk na ranar da aka girka Windows. Na goge shi, na girka ƙunshin biyu, manhajojin biyu suka tashi. Aikin bai kai minti goma ba, amma mai kwamfutar ya kwana biyu yana fama.

Mataki na 5: Sauke daga hannun mai shi, ka girka

Na Visual C++ yana shafin learn.microsoft.com. Nemi "latest supported Visual C++ Redistributable", amma ka dubi adireshin da ke saman burauza da kyau kafin ka danna komai, domin shafukan talla sukan zo a sama da na gaskiya. Fayilolin su ne vc_redist.x86.exe da vc_redist.x64.exe, akwai kuma vc_redist.arm64.exe ga kwamfutoci masu injin ARM. Hanyoyin sauke na 2013 da waɗanda suka gabace shi suna ƙasa a wannan shafin.

Idan ya sauka, danna shi da maɓallin dama, Properties, Digital Signatures. Ya kamata ka ga Microsoft Corporation a matsayin wanda ya sa hannu. Idan babu wannan shafi na sa hannu, goge fayil ɗin. Idan akwai, kunna shi, ka amince da sharuɗɗa, ka danna Install. Idan an riga an girka shi, zai nuna maka Repair a madadin haka, shi za ka danna. Bayan ya gama ka sake kunna kwamfutar ta Restart, ba ta Shut down ba, domin a Windows 10 da 11 kashewar yau da kullum takan ajiye wani sashe na tsarin ta dawo da shi yadda yake.

Wanda ya saba da rubuta umarni zai iya buɗe Terminal ya rubuta:

winget install Microsoft.VCRedist.2015+.x64
winget install Microsoft.VCRedist.2015+.x86

Na DirectX yana da wani ɗan tarko. Fayil ɗin Yunin 2010 idan ka kunna shi ba girkawa yake yi ba, tambayarka yake inda zai zube kayansa. Buɗe masa sabuwar folda, ka nuna masa ita, ya gama zubewa, sannan ka shiga ciki ka nemi DXSETUP.exe ka kunna. Wannan na biyun shi ne girkawar. Mutane da yawa suna tsayawa a na farko. Kafin ma ka hau intanet, leƙa foldar wasan: sau da yawa akwai wata mai suna Redist ko _CommonRedist, an ajiye maka DirectX da Visual C++ ɗin da wasan yake so a ciki.

Idan .NET Framework 3.5 ake nema, latsa maɓallin Windows da R, rubuta optionalfeatures, ka sa alama a akwatinsa. Yana ɗauke da 2.0 da 3.0 a cikinsa. Sababbin manhajoji masu neman .NET 6 ko 8 kuma sukan faɗi lambar a saƙonsu, ka sauke Desktop Runtime mai wannan lamba daga dotnet.microsoft.com.

Mataki na 6: Idan fayil ɗin na manhajar ne

Fara da mai gadi. Manhajar kariya daga ƙwayoyin cuta takan kama fayil ta tsare shi ba tare da ka lura ba. Buɗe Windows Security, Virus & threat protection, Protection history, ka duba ko sunan yana nan. Idan yana nan, kada ka yi saurin sakinsa. Tambayi kanka daga ina manhajar ta zo. Idan daga shafin kamfanin da ya yi ta ne, akwai yiwuwar kuskure aka yi, kuma kana iya ɗora fayil ɗin girkawar a VirusTotal ka ga abin da manhajojin kariya da dama za su ce. Idan kuwa manhaja ce da aka fasa don a kauce wa biyan kuɗi, shawarata ka bar fayil ɗin a tsare ka cire manhajar. Fayil ɗin DLL da aka taɓa wuri ne da ake yawan ɓoye mugun abu, kuma duk umarnin girkawa da ya ce ka kashe kariya tukuna ya riga ya faɗa maka ko shi wane ne.

Idan mai gadi bai riƙe komai ba, cire manhajar ta Settings, Apps, ka sake kunna kwamfuta, ka sauko da sabon fayil ɗin girkawa. Kada ka yi amfani da tsohon, domin wataƙila saukarsa ce ba ta kammala ba. Masu wasanni a Steam suna da gajerar hanya: Properties na wasan, Installed Files, Verify integrity of game files.

Mataki na 7: Idan fayil ɗin na Windows ne

Sunaye irin su ntdll.dll, kernel32.dll, user32.dll ko shell32.dll jikin Windows ne. Ba a sauke su daga ko'ina. Windows yana da kayan gyaran kansa. Rubuta cmd a wurin bincike, ka zaɓi Run as administrator, sannan:

DISM /Online /Cleanup-Image /RestoreHealth

Wannan yana gyara ma'ajiyar da ake ɗebo fayiloli masu lafiya daga ciki, kuma yana buƙatar intanet. Yakan tsaya a wani kaso ya daɗe kamar ya maƙale. Yi haƙuri, kada ka rufe tagar. Idan ya gama:

sfc /scannow

Zai gaya maka ɗaya cikin uku: bai ga matsala ba, ya gani ya gyara, ko ya gani ya kasa gyara wasu. Idan na ukun ne, bayanin yana C:\Windows\Logs\CBS\CBS.log. Ka sani cewa sfc fayilolin Windows kaɗai yake dubawa. Ba zai kawo maka MSVCP140.dll ko d3dx9_43.dll ba, don haka idan ka fara da shi a kan waɗannan ka ɓata rabin awa ne kawai.

Idan matsalar ta fara ne bayan wani abu da ka girka kwanan nan, rubuta rstrui a akwatin Windows da R ka ga ko akwai ranar da za ka iya mayar da tsarin. Idan kuma fayiloli suna ta lalacewa, yau wannan gobe wancan, zargi ma'ajiyar kwamfutar kanta. Kwashe muhimman takardunka zuwa wani wuri tukuna, sannan ka gudanar da chkdsk, umarnin da ke duba lafiyar hard disk.

Wani umarni da ake yawan bayarwa shi ne regsvr32. Wannan na wani rukuni ne na laburare masu buƙatar rajista. Na Visual C++ da yawancin na DirectX ba sa cikinsu. Idan ka gwada, zai ce bai ga DllRegisterServer ba, kuma hakan ba alamar wata sabuwar matsala ba ce.

Saƙon da ke fitowa da zarar an kunna kwamfuta

Wani lokaci ba ka danna komai ba, kana shiga sai akwati mai taken RunDLL ya ce an samu matsala wajen tayar da wani fayil. A nan ba fayil ake so a dawo da shi ba. An cire wata manhaja, ko kariya ta goge wata cuta, amma umarnin da ke kiranta a farkon tashi ya rage. Sauke Autoruns daga kayan Sysinternals na Microsoft, ka buɗe shi da ikon mai gudanarwa, ka nemi sunan. Layukan da fayil ɗinsu ya ɓata sukan fito da launin rawaya. Cire alamar da ke gefen layin da ya dace da saƙonka, shi kaɗai, kada ka goge. Sake kunnawa. Idan saƙon ya tafi kuma komai lafiya, shi ke nan.

Idan duk wannan bai yi ba

Laburare ma yana da nasa laburaren da yake dogara da su. Shi ya sa za ka iya ganin fayil ɗin da idonka a folda, amma a ce maka "The specified module could not be found". Ba shi ne ya ɓata ba, wani ne da yake kira. Masu aiki da Python sun san wannan a saƙon "DLL load failed", wanda sau da yawa ƙunshin Visual C++ ne maganinsa.

Process Monitor, shi ma na Sysinternals, yana nuna duk fayil ɗin da manhaja ta nema. Buɗe shi, latsa Ctrl da L, ka sa matata biyu: Process Name ya zama sunan .exe ɗinka, Path kuma ya ƙare da .dll. Kunna manhajar har saƙon ya fito, ka dawo ka duba. Za ka ga NAME NOT FOUND da yawa, kada ka firgita, Windows ne yake bin foldodin nan ɗaya bayan ɗaya. Wanda kake nema shi ne sunan da aka bi duk foldodin ba a taɓa rubuta masa SUCCESS ba. Da sunan a hannunka, koma mataki na 3.

Wannan kayan aiki yana kuma warware matsalar "Entry Point Not Found". Duba daga wace folda aka ɗauko fayil ɗin. Tunda foldar manhaja ake fara dubawa, wani tsohon kwafi da ke zaune a can zai iya tare hanyar sabon da ke System32. Sauya masa suna, ka ƙara .old a ƙarshe, ka gwada. Amma idan fayil ɗin da aka ambata na Windows ne kamar kernel32.dll, kuma kana kan Windows 7, ma'anar ita ce manhajar tana neman abin da wannan Windows bai da shi. Microsoft ya daina tallafa wa Windows 7 a Janairun 2020, Windows 8.1 kuma a Janairun 2023. Babu fayil ɗin da zai cike wannan giɓi. Ko ka nemi tsohon zubin manhajar, ko ka sabunta Windows.

A Linux da macOS

A Linux saƙon yakan ce "error while loading shared libraries", sai sunan fayil, misali libssl.so.1.1. Rubuta ldd da hanyar manhajar, ka duba layukan da aka rubuta wa "not found". Idan ba ka yarda da asalin manhajar ba, yi amfani da readelf -d a madadinsa, domin shi karantawa kawai yake yi. Sannan ka tambayi mai kula da ƙunsoshi wane ƙunshi ne ke ɗauke da fayil ɗin: apt-file search a Debian da Ubuntu, dnf provides a Fedora, pacman -F a Arch. Girka abin da ya nuna. Idan kai ka harhaɗa laburaren ya sauka a /usr/local/lib, gudanar da sudo ldconfig don tsarin ya san da zamansa. Idan wata folda ce daban, rubuta hanyarta a sabon fayil cikin /etc/ld.so.conf.d/ kafin ldconfig.

Lambar da ke bayan .so tana da ma'ana. Ubuntu 22.04 ya koma OpenSSL 3, don haka manhajar da aka gina a kan 1.1 ba za ta sami libssl.so.1.1 ba. Za ka ga masu ba da shawarar a yi mahaɗa mai tsohon suna tana nuna sabon fayil. Gyaran gangar auzinawa ke nan: an canza lambar ne saboda abin da ke ciki ya canza, kuma a laburaren tsaro wannan ba abin wasa ba ne. Nemi zubin manhajar da aka gina don tsarinka, ko na Flatpak, ko ka tafiyar da ita a Docker. Idan kuma an ce ba a sami GLIBC mai wata lamba ba, tsarinka ya girmi manhajar. Kada ka taɓa maye gurbin glibc, babban laburaren tsarin, da hannu, kusan kowane umarni a tsarin yana rataye ne a wuyansa.

A macOS saƙon shi ne "Library not loaded". Umarnin otool -L yana jera abin da manhaja take nema. Galibi hakan na faruwa ne bayan Homebrew, mai kula da ƙunsoshi a macOS, ya sabunta wani laburare ya bar manhajar da ke dogara da tsohon, kuma brew reinstall da sunan manhajar yakan daidaita su.

Idan ka riga ka saka fayil daga irin waɗancan shafuka

Ba a makara ba. Tuna inda ka ajiye shi: System32, SysWOW64 ko foldar manhajar. Buɗe foldar, ka nemo shi da sunansa, ka goge. Idan ya ƙi goguwa saboda ana amfani da shi, sake kunna kwamfutar ka gwada kafin ka buɗe komai. Sannan ka girka ainihin ƙunshin kamar yadda aka nuna a mataki na 5, ka danna Repair idan ya bayar da zaɓin, ka biyo da DISM da sfc ko da ka danne wani fayil na Windows ba ka sani ba.

Idan shafin ya ba ka wata manhaja mai cewa za ta gyara duk DLL da dannawa ɗaya, cire ta daga Settings, Apps, ka duba ƙarin abubuwan da ke maƙale a burauzarka ko an cusa wani da ba kai ka saka ba. Daga nan shiga Windows Security, Scan options, ka zaɓi Microsoft Defender Offline scan. Kwamfutar za ta sake tashi ta yi bincike kafin Windows ya gama buɗewa, lokacin da cuta ba ta sami damar ɓuya ba. Idan binciken ya kama wani abu, sauya kalmomin sirrin imel ɗinka da na asusun bankinka daga wata na'ura daban, ba daga wannan kwamfutar ba.